Mujallun manya na Indiya: yaya aka yi suka rayu, kuma me suka bari?

Ɗan Mabera:

Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ina haɗa takardar nazari kan tarihin aikin jarida a Indiya, to na iso wani babi da ya tsaya mini: mujallun nan na manya da ke haɗa hotunan mata rabin tsirara da hira da 'yan siyasa da waƙoƙi da tallar kayan ƙawa. Sunan da nake ta cin karo da shi shi ne Debonair. Abin da ya ɗaure mini kai, ƙasar da finafinanta suka daɗe ko sumba ba a cika nunawa ba, yaya aka yi irin wannan mujalla ta shekara talatin a kan teburin mai jarida? Doka ba ta hana ba ne? Su wa ke saye, su wa ke rubutu a ciki, kuma wane tasiri ta yi a zahiri? Don Allah kada kowa ya liƙa hoto a nan, tarihin da yadda sana'ar ke tafiya nake nema. Malamaina, a taimaka.

Malam Na-Arkilla:

Wa alaikumus salam ƙanena. Gara da ka gindaya sharaɗin hoto tun farko. Hukuncin kallon tsiraici wurinmu sananne ne, babu mai jayayya a kai. Amma sanin yadda abu ya shiga al'umma har ya samu gindin zama ilimi ne, kuma ɗan jarida na bukata tai.

Fara da abin da ya riga Debonair, don ba daga sama ta faɗo ba. Jaridar mako-mako ta Blitz, wadda Russi Karanjia ya kafa a Bombay, wato Mumbai ta yanzu, a 1941, ta daɗe tana sa hoton kyakkyawar mace a shafin baya, ga kuma sharhin siyasa mai zafi a ciki. Sai Khushwant Singh ya karɓi Illustrated Weekly of India a 1969, mujallar da iyali ke karantawa tare, ya shiga cusa mata batutuwan da a da ake kauce ma, har da hotunan da sunka sa iyaye tsaki. Kafin ya bar ta a 1978, bugunta ya tashi daga wajen 65,000 zuwa kusan 400,000. A 1971 kuma Nari Hira ya fito da Stardust, mujallar tsegumin 'yan fim, Shobhaa De ce editarta ta farko. Waɗanga ukun sunka nuna ma masu jari cewa akwai mai karatun Turanci a birni da zai ciro kuɗi don abin da ba a faɗi a tsakar gida.

Debonair kuwa Susheel Somani ya kafa ta a 1973, ta fara fita a 1974. Shi ke da maɗaba'ar G. Claridge, ke nan bugun kala ba matsala ba ne wurinai. Playboy ta Amurka anka kwaikwaya, wadda ita kanta ba a yarda a shigo da ita Indiya ba. Editocin farko, Ashok Row Kavi da Anthony Van Braband, ba su daɗe ba, mujallar na tangal-tangal. Sai Vinod Mehta, matashi mai rubuta kalaman talla, ya nemi a ba shi dama. Somani ya yarda bisa sharaɗin cewa hoton mace na shafin tsakiya ba a cire shi.

Abin da Mehta ya gane shi ne, hoton ke sa mutum ya saya, rubutun ke ba shi hujjar shiga gida da ita. Sai ya cika sauran shafukan da doguwar hira, sharhin littattafai, gajerun labarai da waƙa. A wancan zamani wuraren da ke biyan mawaƙin Turanci a Indiya ba su da yawa, don haka marubuta na gaske sunka zo. Imtiaz Dharker ta riƙe shafin waƙa, Adil Jussawalla ya riƙe sashen adabi kafin daga baya ya zama edita, Anil Dharker ma ya yi editanta, haka Amrita Shah, mace. Ruskin Bond, wanda yaran makarantar Indiya ke karanta labaran nai har yau, an buga wani dogon labari nai a ciki, anka kai shi kotu a Bombay da tuhumar batsa. Marubuta Nissim Ezekiel da Vijay Tendulkar sunka tsaya mai shaida, bayan kusan shekara biyu anka wanke shi.

A littafin tarihin rayuwatai, Lucknow Boy, na 2011, Mehta ya ba da labarin cewa Atal Bihari Vajpayee, wanda daga baya ya zama firaminista, ya yaba mai mujallar amma ya ce dole sai ƙarƙashin matashin kai yake aje ta. Matsayin Debonair ke nan wurin masu ilimin boko: ana karantawa, ba a bari baƙo ya gani. Mehta ya bar ta ya kafa jaridar Sunday Observer a 1981, sannan mujallar Outlook a 1995, ya rasu a 2015 shina cikin editocin da anka fi girmamawa a ƙasar. A ganina, babban abin da ta bar ma aikin jarida shi ne mutanen da ta horar da salon doguwar hira.

Barista Runjin Sambo:

Allah ya ƙara wa Malam lafiya. Bari in ɗauki ɓangaren doka, don nan ne masu nazari suka fi yin kuskure. Suna zaton akwai dokar da ta ce a rufe irin wannan mujalla. Babu. Abin da ke akwai shi ne hukunta kowace fitowa idan an same ta da batsa.

Rajista ba ta da wuya. A ƙarƙashin dokar rajistar jaridu da littattafai ta 1867, wadda ke aiki a wancan zamani, mai mujalla zai nemi a tantance masa suna daga ofishin magatakardan jaridu na ƙasa ta hannun majistaren gunduma, ya sa hannu a takardar sanarwa gaban majistaren, ya fitar da bugun farko cikin kwana 90 idan mujallar wata-wata ce, sannan ya nemi takardar shaida. Dole kowace fitowa ta ɗauki sunan edita da mai bugawa da mawallafi. Ba a duba abin da za ka buga a wannan mataki. Amma waɗannan sunaye uku su ne za a fara kira idan ƙara ta taso.

Ƙarar kuwa, a wancan zamani, sashe na 292 na kundin laifuffuka na 1860 ne. Sayarwa, rarrabawa, bugawa ko ajiye abin batsa don sayarwa: karo na farko ɗauri har shekara 2 da tarar rupi (kuɗin Indiya) 2,000, idan aka sake har shekara 5 da rupi 5,000. Sashe na 293 ya ƙara nauyi idan wanda aka sayar wa bai kai shekara 20 ba. A 1969 aka yi wa sashen gyara, aka faɗaɗa togaciya: abin da aka tabbatar an buga shi don amfanin jama'a ta fuskar kimiyya, adabi, fasaha ko ilimi bai shiga ba, haka sassaƙe-sassaƙen tsofaffin wuraren tarihi da na bauta. To ka ga waƙoƙin da Malam ya ambata suna da wani aiki na biyu. Lauya zai ɗaga mujallar gaban alƙali ya ce a duba ta gaba ɗayanta, ba shafi biyu na tsakiya ba.

Ma'aunin batsar shi ne ya yi ta sauyawa. A shari'ar Ranjit Udeshi, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1964, an tabbatar da laifin wani mai kantin littattafai a Bombay da ya sayar da wani littafin Ingila da aka hana, aka ɗauki ma'aunin Hicklin na kotun Ingila na 1868: shin abin zai iya lalata tunanin mai raunin zuciya da zai iya faɗawa hannunsa? Da wannan ma'auni kusan komai na iya zama laifi. A 1985, a shari'ar Samaresh Bose, kotun ta raba tsakanin abin da ke da ƙazantar lafazi da abin da ke batsa, ta ce ba ɗaya ba ne. Sai a 2014, a shari'ar Aveek Sarkar, ta ajiye Hicklin. Asalin maganar hoton tsiraici na ɗan wasan tanis Boris Becker ne da wadda zai aura, Barbara Feltus, baƙar fata, wanda mujallar Stern ta Jamus ta buga don adawa da wariyar launin fata, mujallar Sportsworld da jaridar Anandabazar Patrika suka sake bugawa a 1993. Kotun ta ce a auna da idon mutum matsakaici na wannan zamani, a duba saƙon da hoton ke ɗauke da shi. Lura da shekarun: 1993 zuwa 2014.

Wannan jinkiri shi ne ainihin hukuncin. Laifin ana ba da beli a kansa, ɗauri ba kasafai ba, amma kowa na iya shigar da ƙorafi a garin da aka sayar da mujallar, edita ya yi ta zirga-zirga tsakanin kotunan jihohi. Ga kuma sashe na 95 na tsohuwar dokar bin shari'ar laifi, da ya ba gwamnatin jiha ikon ayyana fitowa a matsayin abin ƙwacewa. Kana da wata biyu ka ruga Babbar Kotu, alƙalai uku su zauna. Kafin su zauna watan ya wuce, kuɗin bugun ya tafi. A 1995, da gwamnatin jam'iyyun Shiv Sena da BJP ta hau a jihar Maharashtra, ministan al'adu Pramod Navalkar ya buɗe yaƙi da batsa. A shekarar ne aka gurfanar da masu tallar kaya Milind Soman da Madhu Sapre kan tallar takalmin Tuff da suka fito a ciki tsirara, ba a wanke su ba sai 2009.

Mai Bugu Emir Yahaya:

Ranka shi daɗe Barista. Ni zan yi magana kan takarda da kasuwa.

Ɗan Mabera, ka taɓa tambayar kanka me ya sa hoton ke tsakiya? Mujallar da aka ɗinke da sitefila biyu a gadon baya, shafukanta huɗu-huɗu suke tafiya, kowace takarda an naɗe ta biyu an saka cikin 'yar'uwarta. Takardar can ciki ita kaɗai ce shafinta na hagu da na dama suke fuska ɗaya ba yankewa, don haka babban hoto ba zai goce ba. Na biyu, bugun kala faranti huɗu yake ci, shuɗi, ja, rawaya da baƙi, kuma yana son takarda mai sheƙi mai tsada. Mai mujalla zai buga rubutu baƙi a takarda mai araha, kashi-kashi na shafi 8 ko 16, ya ware kala ga bango da kashin tsakiya da 'yan tallace-tallace. Na uku, idan ka ɗaga ƙarfen sitefilar, takardar tsakiya za ta fita ba tare da mujallar ta lalace ba. Mai saye ya cire ya ɓoye ya bar sauran a falo, mai tebur ma ya cire idan ya ji 'yan sanda na zagaye.

Kasuwar kuwa a kan tebur take. Mutum ba ya so ɗan aike ya kawo masa irin wannan gida da sunansa a jiki, don haka masu biyan kuɗin shekara kaɗan ne, kuma wannan rauni ne babba. Dillali yana karɓa ne bisa sharaɗin abin da bai sayu ba ya mayar, asarar na kan mawallafi. Kantunan tashar jirgin ƙasa na A. H. Wheeler, kamfanin da ya faro daga Allahabad a 1877, da na Higginbothams a kudu, sun yi wa irin wannan ciniki daidai, don matafiyi ba wanda ya san shi. Kwafi ɗaya kuma yana zagaya ɗakin kwanan ɗalibai da shagon aski da kantin hayar littattafai, saboda haka masu karatu sun ninka masu saye nesa ba kusa ba, amma kuɗi sau ɗaya ya shigo. Talla ma matsala ce: kamfanin da ke sayar wa iyali kaya ba ya son sunansa kusa da wannan hoto. Shi ya sa tallar kwaroron roba na KamaSutra a 1991, wadda kamfanin talla na Lintas na Alyque Padamsee ya shirya da 'yar fim Pooja Bedi, ta zama abin tarihi. Gidan talabijin na gwamnati, Doordarshan, ya ƙi ta, Debonair ta buga, fitowar ta ƙare a kasuwa.

Amma kada ka tsaya kan ta Turanci. Masu karatun Turanci 'yan tsiraru ne. Abin da ya kai ga talaka na harshen Hindi ne: Manohar Kahaniyan da Satyakatha, masu ba da labarin laifuffukan soyayya da kisa da bango mai jan ido, da Saras Salil ta kamfanin Delhi Press da ta fito a 1993 da farashi mai rahusa da shafin tambayoyin sirri. A ƙasansu kuma akwai ƙananan littattafai masu sunan aro na Mastram, a takarda mafi araha, babu adireshin maɗaba'a na gaskiya, ana sayarwa a tashar mota a naɗe cikin leda. Idan yawan mutanen da abu ya taɓa ne ma'aunin tasiri, waɗannan sun fi Debonair.

Malama Gawon Nama:

Sannunku da ƙoƙari. Malam Na-Arkilla, da girmamawa, ina ganin an yi wa mujallar nan sassauci. An lissafa maza da matan da suka yi suna da alƙalami a cikinta, ba a ambaci waɗanda jikinsu ya biya kuɗin bugun ba. Mehta da kansa ya rubuta cewa samun matan da za su yarda a ɗauke su shi ne aiki mafi wuya, kuma abin da ake biyansu kaɗan ne. Edita ya tashi ya zama babban mutum. Ita kuwa, a al'ummar da dangi ke binciken yarinya kafin aure kamar yadda muke yi, hoton yana nan a akwatin wani har ta tsufa, ba ta da ikon janye shi.

Ƙungiyoyin matan Indiya sun ga haka tun shekarun 1980, suna shafe allunan talla da fenti suna zanga-zanga. Daga nan aka samu dokar hana nuna mata ta hanyar rashin mutunci ta 1986, wadda minista Margaret Alva ta gabatar zamanin firaminista Rajiv Gandhi. Karo na farko ɗauri har shekara 2 da tarar rupi 2,000, na biyu daga wata 6 zuwa shekara 5 da tarar rupi 10,000 zuwa 100,000. Sai dai su kansu matan sun rabu a kanta, wasu na cewa kalmar rashin mutunci ta yi faɗi, za a yi amfani da ita a tsare tarbiyya a manta da batun yarda da haƙƙin wadda aka ɗauka. Kuma batun yarda ne ya ci gaba da tasowa. A 2006 'yar fim Khushboo ta kai mujallar Maxim ta Indiya ƙara kan hoton da aka haɗa da fuskarta. A Disambar 2011 'yar fim Veena Malik ta Pakistan ta ce mujallar FHM ta Indiya ta sauya hotonta na bango, mujallar ta musanta.

Wani tasirin da ba a cika lissafawa ba shi ne na ma'aunin kyau. Fara, siririya, 'yar birni: ita ce a bango, ita ce a talla. Man Fair & Lovely na hasken fata ya fito a 1975, ba a sauya masa suna ba sai 2020. Duk wadda ta san yadda man bilicin ke tafiya a kasuwar Shehu Shagari ta san wannan ba matsalar Indiya kaɗai ba ce.

Abu ɗaya zan yarda da shi. Shafukan tambayoyin lafiya sun cike giɓin da gida da makaranta suka bari. A 2007 jihohi da dama, har da Maharashtra da Gujarat, sun dakatar da darasin ilimin balaga a makarantu. Likita Mahinder Watsa ya fara amsa irin waɗannan tambayoyi a mujallar mata tun shekarun 1960, ya ci gaba a jaridar Mumbai Mirror daga 2005 har rasuwarsa a 2020 yana da shekara 96. Tambayoyin sun nuna tsananin jahilci kan jiki da aure. Amma amsar likita ba ta bukatar hoton kowa a gefenta.

Ɗan Mabera:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Malama, zan buɗe wa wannan batu babi nasa. Saura ɗaya: me ya kashe su? Kuma akwai abin da ya iso mu nan Arewa daga wannan al'ada?

Malam Na-Arkilla:

Malama ta yi gaskiya, na karɓa.

Ba doka ta kashe su ba, kasuwa ce. Bayan buɗe tattalin arziki a 1991, tashoshin tauraron ɗan'adam sunka shigo, Star TV sannan Zee a 1992. Sushmita Sen da Aishwarya Rai sunka ci gasa biyu na sarauniyar kyau ta duniya a 1994, hoton kwalliya ya koma shafin jaridun yau da kullum. Intanet ta buɗe ma jama'a ran 15 ga Agusta 1995. India Today, mujallar labarai, ta fara binciken shekara-shekara kan rayuwar jima'i a 2003. Kan maganar da Khushboo ta yi game da irin wanga bincike a 2005 anka shigar mata da ƙara sama da 20, Kotun Ƙoli ta soke su a 2010. A 2002 kuma gwamnati ta yarda baƙi su zuba jari a harkar jaridu da mujallu. Cosmopolitan ta riga ta shigo tun 1996, sai Maxim, FHM a 2007, GQ a 2008. Waɗanga ba su buga tsiraici, 'yan fim sanannu suke sawa a bango, don haka masu tallar agogo da mota da turare sunka bi su. Debonair ta rasa ta ko'ina: mai neman hoto ya samu wanda ya fi nata a kwamfuta, mai neman rubutu ya koma Outlook da ire-irenta, mai talla ya tafi. A 2005, zamanin edita Derek Bose, ta daina tsiraicin, ta nemi matasa, ba ta sake komawa matsayinta ba. Da kamfanin sadarwa na Jio ya karya farashin data a Satumbar 2016, su ma sabbin sunka fara jin jiki.

Wurinmu, reshen Stardust ne ya iso. Mujallar Tauraruwa da Sunusi Shehu ya fito da ita a Kano a 1998 daga Stardust ta ɗauki samfuri, sai Fim ta Ibrahim Sheme a 1999. Labarin 'yan wasa ne da hira da tsegumi, babu shafin tsakiya irin wancan, kuma ba zai yiwu ba, balle bayan shari'a ta dawo a 2000 da kafa hukumar tace finafinai ta Kano a 2001. In za ka kwatanta, kwatanta muhawarar: yadda anka yi ta ce-ce-ku-ce kan littattafan soyayya na Hausa, wasu na cewa suna ɓata tarbiyya, wasu na cewa sun koya ma mata karatu.

Barista Runjin Sambo:

Ƙaramin gyara kafin ka miƙa takardar. Tun 1 ga Yulin 2024 kundin 1860 ya daina aiki, Bharatiya Nyaya Sanhita ta maye gurbinsa, batun batsa ya koma sashe na 294, an kuma shigar da abin da ke cikin na'ura. Dokar rajista ta 1867 ma an maye ta da ta 2023. Abin da aka yaɗa ta intanet yana da nasa sashe na 67 na dokar fasahar sadarwa ta 2000. Don haka idan kana maganar zamanin Debonair ka rubuta 292, idan maganar yau ce ka rubuta 294, kada ka haɗa su a jimla ɗaya ba tare da shekara ba. Haka alƙaluman bugu: ka tabbatar ko na kwafin da aka sayar ne wanda hukumar tantance bugu ta duba, ko na ƙiyasin masu karatu ne, don Mai Bugu ya nuna maka tazarar da ke tsakaninsu.